Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga masu kawo hoton farin beyar makarantunmu na karkarar Jigawa

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Zuwa ga shugabanni da ma'aikatan ƙungiyoyin da ke zagaya makarantun karkara domin wayar da kai kan sauyin yanayi. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kuna lafiya, ku da iyalanku. Ni malamin kimiyya ne a wata ƙaramar sakandare a ƙasar Haɗejiya, ba nisa da fadamar Baturiya. Na ɗauki alƙalami ne da yawun abokan aikina malamai na makarantun da ke kewaye da mu, da kuma iyayen yara da suka roƙe mu mu isar da saƙonsu. Ba zan kama sunan kowace ƙungiya ba, domin maganar ta shafi fiye da guda, kuma gyara muke nema, ba tozarta kowa ba.

Mun san wahalar hanyarmu, mun kuma san cewa da dama daga cikinku matasa ne masu kyakkyawar niyya. Allah ya saka da alheri. Abin da ya sa muka kasa yin shiru shi ne shawarar da kuka yanke ta gina dukkan shirinku na bana a kan hoto guda: farin beyar, wata ƙatuwar dabbar ƙasashen sanyi, tsaye a kan ɗan guntun ƙanƙara a tsakiyar teku, da rubutun Turanci a ƙasansa. Kun manna shi a bangon azuzuwa, kun raba wa yara a takarda, kun yi jawabi, an ɗauki hotuna, kun shiga mota. Mu aka bari da yaran da tambayoyinsu.

Kukanmu na farko shi ne kun kawo dabbar, ba ku kawo labarinta ba. Yaranmu sun ga hoton halittar da ba su taɓa ji ba, a ƙasar da ba su san inda take ba, aka ce musu su tausaya mata. Da na shiga aji bayan tafiyarku na tambaye su me suka gane, wani ya ce farin kare ne, wata ta ce ai sanyi ne zai kashe shi, shi ya sa ake neman taimako. Ga shi kuwa akasin haka ne: rashin sanyin ne ke neman halaka shi. Laifin ba na yaran ba ne. Labarin farin beyar yana cikin mafi daɗin abin da malamin kimiyya zai koyar, kuma da kun ba shi ko da rabin lokacin da aka ɓata wajen jera kujeru, da yaran sun riƙe shi har girmansu.

Ga abin da ya kamata su ji. A can ƙarshen arewacin duniya, yankin da ake kira Aktik, teku ne da saman ruwansa ke daskarewa ya zama fili mai tauri. Ƙasashe 5 ne ke da wannan dabba: Kanada, Amurka ta ɓangaren Alaska, Rasha, Nowe, da tsibirin Girinlan da ke ƙarƙashin Denmak. Masana sun ƙiyasta cewa duka-duka fararen beyar na duniya kusan 26,000 ne, kuma wajen kashi biyu cikin uku suna Kanada. Babban namiji kan kai kilo 350 zuwa 700, mace kuma wajen rabin haka. Gashin da muke gani fari ba shi da launi, haske ne ke sa shi fari, fatar da ke ƙarƙashinsa kuwa baƙa ce wuluk. A ƙarƙashin fatar akwai kitse mai kaurin da kan kai santimita 10. Tafin ƙafarsa kan kai santimita 30 a faɗi, shi ke hana shi nutsewa cikin dusar ƙanƙara, da shi kuma yake tuƙa ruwa idan yana iyo. Saboda wannan shiri da Allah ya yi masa, idan ya yi gudu mai nisa zafi ne ke damunsa, ba sanyi ba.

Abincinsa wata dabbar teku ce mai shayarwa, mai yawan kitse, da ake kira sil. Sil tana rayuwa a ƙarƙashin ƙanƙara, amma dole ta leƙo ta shaƙi iska, don haka takan buɗe ramuka a cikin ƙanƙarar ta riƙa kula da su kada su toshe. Beyar yana jin warinta daga nisan kilomita guda, ko da dusar ƙanƙara ta rufe ramin. Sai ya je bakin ramin ya kwanta shiru, wani lokaci na sa'o'i, har ta fito da kai ya cafke ta. A cikin buɗaɗɗen ruwa ba ya iya kamo ta, ta fi shi sauri nesa ba kusa ba. Wannan ita ce maganar da hotonku bai faɗa ba: ƙanƙarar ba wurin hutawarsa ba ce kawai, a kanta yake cin abinci.

Daga Afrilu zuwa Yuni, lokacin da sil ke haihuwa, shi ne kakar beyar. A waɗannan watanni yake tara mafi yawan abin da zai rayu a kansa shekara guda, kuma kitsen jikinsa shi ne rumbunsa. Yakan cinye kitsen sil ya bar naman ga wasu dabbobi. Ɗan manomi ba ya buƙatar dogon bayani a nan: ya san abin da ke faruwa idan damina ta ɗauke da wuri, aka shiga rani da rabin rumbu. A Gaɓar Hudson ta Kanada ƙanƙara kan narke gaba ɗaya wajen Yuli, beyar su hau tudu su zauna da yunwa har ta sake daskarewa wajen Nuwamba ko Disamba, kowanne yana zubar da kusan kilo 1 a kullum. Yanzu wannan zaman yunwa ya ƙaru da kusan wata guda a kan yadda yake a shekarun 1980. Beyar na yammacin gaɓar sun kai kusan 1,200 a wancan lokaci. Ƙidayar 2016 ta samu 842, ta 2021 ta samu 618.

Uwa ce ta fi shan wuya. Mace mai ciki kan haƙa kogo a cikin dusar ƙanƙara wajen Oktoba ko Nuwamba, ta haihu a ciki a tsakiyar hunturu, yawanci tagwaye. Jaririn wannan ƙatuwar dabba bai kai kilo 1 ba, idonsa a rufe. Tana shayar da su nono mai kitse kusan kashi 30 cikin 100, ita kuwa ba ci ba sha, ba ta fitowa sai wajen Maris. A Gaɓar Hudson irin wannan uwa kan yi har wata 8 ba ta sa komai a baki ba. 'Ya'yan kan zauna tare da ita fiye da shekara 2, saboda haka sau ɗaya take haihuwa a shekara 3. Dabbar da ke hayayyafa a hankali haka, idan ta ragu, ba ta dawowa da wuri. A 2008 masana sun bi sawun wata mace da suka ɗaura wa na'ura a wuya a tekun Bofot, arewa da Alaska: ta yi iyo na kwana 9 ba tsayawa, kilomita 687, kafin ta samu ƙanƙara. Da aka sake kama ta, ta zubar da kashi 22 cikin 100 na nauyinta, ɗanta kuma babu shi. Ranar da na ba 'yan ajina wannan labari, har aka kaɗa ƙararrawa babu wanda ya motsa daga benci.

Kuka na biyu ya fi mana ciwo, kuma shi ne ainihin abin da ya tayar da iyaye. A cikin jawabin da aka yi, an gaya wa yara cewa hayaƙin murhun gidajensu ne ke narkar da ƙanƙarar. Wata ɗalibata ta je gida ta tsaya a kan mahaifiyarta tana tuƙa tuwo, ta ce mata, "Inna, an ce wutarki ce ke kashe dabbobin Turai." Baiwar Allah nan da karan dawa da kashin shanu take girki, itace ma sai ranar da aka samu. Washegari ta biyo 'yarta har makaranta, ta tsaya a bakin ofis da ladabi, ta ce, "Malam, in laifi ne a gaya mini, amma da me zan dafa musu?" Ban ga abin dariya a tambayarta ba, kuma ina roƙon kada ku gani.

Gaskiyar magana ita ce, iskar kabon da ke ɗumama duniya mafi yawanta daga ƙona kwal da fetur da gas take fitowa, a masana'antu da tashoshin lantarki da motoci na ƙasashe irin su Sin, Amurka, Indiya da Tarayyar Turai. Nahiyar Afirka baki ɗayanta, mai mutane fiye da biliyan 1, kasonta kusan 4 cikin 100 ne. To ina kason macen ƙauye mai murhun duwatsu uku? Tun 1979 taurarin ɗan Adam ke auna ƙanƙarar tekun Aktik, kuma faɗinta a watan Satumba yana raguwa da kusan kashi 12 cikin 100 a kowace shekara 10, mafi ƙanƙanta a 2012. Yankin yana ɗumama kusan ninki 4 na sauran duniya. Mu da beyar ɗin a layi ɗaya muke, layin waɗanda abin ya faɗa wa. Mutanen Auyo da Ringim da Kafin Hausa da Haɗejiya da ambaliyar 2022 ta cinye wa gonaki da gidaje ba sa cikin waɗanda ya dace a ɗora wa laifi.

Ba muna cewa sare itatuwa ba shi da illa ba. Yana da ita, babba ma. Amma ku faɗi illar da ke gabanmu: iska na kwashe ƙasar gona, rairayi na matsowa, hayaƙi na cin ƙirjin mata da jariran da ke goye. Ku kuma faɗi wanda ke sarar. Motocin itace da gawayi da ke fita daga dazukanmu zuwa birane ba tuwon ƙauye suke zuwa dafawa ba.

Akwai kuma batun faɗin gaskiya kan ita kanta dabbar. An gaya wa yara cewa nan da 'yan shekaru babu sauran farin beyar ko ɗaya. Masana ba su ce haka ba. An kasa fararen beyar rukuni kusan 20 gwargwadon yankunansu. Wasu suna raguwa, wasu suna nan yadda suke. Ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sa shi cikin dabbobin da ke fuskantar barazana tun 2006, kuma a 2015 ta ce akwai yiwuwar yawansu ya ragu da fiye da kashi 30 cikin 100 zuwa tsakiyar wannan ƙarni. Wani bincike na 2020 ya nuna cewa idan aka ci gaba da fitar da hayaƙi ba sassauci, mafi yawan rukunan na iya durƙushewa kafin 2100. Wannan kaɗai ya isa tashin hankali, ba ya buƙatar ƙari. A 2017 bidiyon wani ramammen beyar a arewacin Kanada ya zagaya duniya da cewa sauyin yanayi ne ya yi masa haka. A 2018 mujallar National Geographic da ta yaɗa shi ta fito ta ce ta zarce gona da iri, domin ba a tabbatar da abin da ya same shi ba. Yaro yana da waya ko yayansa yana da ita. Ranar da ya gano an yi masa ƙari a magana ɗaya, zai watsar da sauran, har da na gaskiya.

Kuka na gaba shi ne kun tsallake abin da ke bayan makarantarmu. Fadamar Baturiya tana cikin jerin dausayoyi masu muhimmanci ga duniya na yarjejeniyar Ramsar tun 2008, amma ko sau ɗaya ba a ambace ta a jawabinku ba. Dattawanmu suna ba da labarin gauraka a fadama, yaranmu ba su taɓa ganin ko guda ba. Ungulu da a da ke cika mahauta ranar kasuwa, yau sai a yi kasuwa a watse ba a ga inuwarta ba. Ciyawar kacala ta toshe hanyoyin ruwa, ta hana masunta shiga, ta zama mafakar tsuntsun jan baki mai cinye shinkafa. Ita wannan ma ba sauyin yanayi ne kaɗai ba: tun da aka gina madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992, yadda ruwa ke sauka a kogin Haɗejiya ya sauya, kacala kuma ta samu ruwan da ba ya yankewa. Yaro ya cancanci ya san bambancin abin da hayaƙin duniya ya jawo da abin da shawarar mutane a nan gida ta jawo.

Abin da ya fi ba ni takaici shi ne akwai zaren da ya haɗa mu da ƙasar beyar, kuma a gaban idonmu yake. Idan sanyi ya shigo, tsuntsaye dubbai kan sauka a fadamar Haɗejiya da Nguru daga Turai da Asiya. Cikinsu akwai wata mai dogayen ƙafafu da masana ke kira raf, wadda ke kiwo a gonakin shinkafa bayan girbi. A fadamun arewacin Turai da Saiberiya take yin ƙwai, har zuwa filayen da ke kusa da gaɓar tekun Aktik. Tsuntsuwar da yaro ke kora da gwafa daga gonar babansa, watanni kaɗan baya tana ƙasashen da wannan ƙanƙara take. Allah Maɗaukaki ya gaya mana a Suratul An'am, aya ta 38, cewa babu wata dabba a bayan ƙasa ko tsuntsu mai tashi da fukafukansa face al'ummu ne irinmu. Da daga nan kuka fara, da liman da dagaci da kansu sun taya ku bayani.

Ko a tarihin kare beyar ɗin akwai darasin da ya fi hoton amfani. Kafin maganar narkewar ƙanƙara, bindiga ce ta kusa gamawa da shi, ana harbinsa daga jiragen sama da manyan jiragen ruwa. A 1973, a birnin Oslo, ƙasashen nan 5 suka sa hannu kan yarjejeniyar kare shi, Amurka da Tarayyar Sobiyat a tebur ɗaya duk da gabar da ke tsakaninsu. Aka hana irin wannan farauta, amma ba a hana mutanen asali na yankin, irin su Inuwit, farautarsu ta gado ba. A Kanada har yau da su ake zama a tsayar da adadin da za a kama. A garin Cacil na Kanada, inda beyar ke taruwa suna jiran ƙanƙara, akwai masu sintiri da ke korar su daga unguwanni, da wurin tsare wanda ya nace har a mayar da shi nesa, maimakon a harbe shi. Inda aka bar shara a buɗe kuwa, kamar wani gari a tsibirin Nobaya Zemliya na Rasha a Fabrairun 2019, beyar fiye da 50 suka shigo har aka kafa dokar ta-ɓaci. Duk inda aka ci nasara, da mutanen wurin aka yi. Ku kuwa da kuka zo, ba a gayyaci sarkin ruwa ba, ba mafarauci, ba ardo, ba ko manomi guda.

Batun itatuwan da kuka kawo a dasa kuwa ba sai na ja ba. An kawo su cikin tsananin bazara, ba shinge, ba tanadin ban ruwa. Wanda rana ta bari, awaki sun gama da shi.

Saboda haka ga abin da muke roƙo, kuma muna roƙo ne da girmamawa.

Ku dawo makarantun da aka yi maganar murhu ku gyara ta da bakinku, a gaban yaran da iyayensu mata. Idan mu muka gyara, yaro zai ce malam ne ke jayayya da baƙi masu mota. Wannan ne roƙon da iyaye suka fi nanatawa.

Kada ku cire farin beyar daga shirinku. Ku rubuta labarinsa cikakke da Hausa, da boko da ajami domin 'yan makarantar allo su ma su samu, da taswirar da za ta nuna wa yaro inda Aktik take da inda Jigawa take. Ku ba masani ya duba kowane adadi kafin a buga. Mu malamai a shirye muke mu duba Hausar ba tare da an biya mu ba. A cikin littafin, duk shafin da aka ba beyar a ba Baturiya da dajin Falgore da tafkin Chadi irinsa, da hoton gauraka da ungulu da gawo.

Kuɗin da ake kashewa kan riguna da alluna masu sheƙi, ku karkatar da wani abu daga ciki ku kai yara Baturiya tsakanin Nuwamba da Fabrairu, lokacin da baƙin tsuntsaye ke nan, tare da masunci ko mafarauci da ya san wurin. Madubin hangen nesa ko guda biyu a makaranta zai yi shekaru yana aiki.

Ku ba kowace makaranta ma'aunin ruwan sama da littafin rubutu mai kauri. Duk abin da aka sani game da ƙanƙarar Aktik an san shi ne domin wasu sun dage suna aunawa shekara bayan shekara. Yaranmu za su iya rubuta ranar da shamuwa ta fara sauka, ranar ruwan shuka, yawan ruwan kowane wata, ranar da kogi ya cika da ranar da ya ja. Bayan shekara 10 ƙauyen zai mallaki shaidar da babu wanda zai kawo masa daga waje.

Itatuwa ku kawo su a Yuli, da abin shinge, kuma ku tambayi manoma irin da suke so. Da yawa za su ce gawo, domin yana zubar da ganye da damina ya bar gero ya sha rana, ya kuma ƙara wa ƙasa ƙarfi. Maƙwabtanmu na Maradi da Damagaram sun farfaɗo da miliyoyin kadada ta hanyar sassaben zamani, wato barin tohon da ya fito daga kututture a gona ana yi masa aski har ya zama bishiya. Ku ɗauko manomi guda daga can ya zo ya nuna wa namu, da Hausar da suke ji.

Sannan ku da kuke rubuta rahoto zuwa ga masu ba ku tallafi a ƙasashen waje, ku sa saƙonmu a ciki kamar yadda muka faɗe shi: yaran karkarar Jigawa sun ji labarin beyar ɗinsu, sun kuma tausaya masa, suna tambayar yaushe za a rage ƙona kwal da fetur ɗin da ke narkar da ƙanƙararsa, yake kuma rikita mana damina. Muna so mu ga wannan a rubuce, a kuma aiko mana da kwafi.

Ranar 27 ga Fabrairu ce aka keɓe a duniya domin farin beyar, kuma a lokacin baƙin tsuntsaye ba su gama barin fadamarmu ba. Muna gayyatarku ku zo a wannan rana, ku zauna da malamai da iyaye da masu unguwanni kafin ku shiga aji. Amsarku za ta same mu ta hannun shugabannin makarantun da kuka ziyarta.

Wassalamu alaikum.

Naku,
Malamin kimiyya, a madadin malamai da iyayen yara na wasu makarantun karkara a ƙasar Haɗejiya, Jihar Jigawa.